Abin da Ke Ƙarƙashin Goge

Tun da hukuma ta saka wa kowa wani ɗan ƙarfe a kunne, mai tace duk sautin da ke tayar da hankali, kasuwar Tanimu mai kiɗan finafinan tsoro ta mutu. Duk da haka ya kai wa Hajiya Kande, mai shirya fim, sabon kiɗansa.

Ta saurara, ta taɓe baki. "Malam Tanimu, goge kawai nake ji. Ina abin tsoron?"

"Hajiya, cire na kunnenki."

"In cire a ɗaure ni?"

Ya tattara kayansa. Ƙarƙashin gogen ihun ƙanwarsa ne, wanda ta bar masa a waya ranar gobara, maƙwabta na ƙofar gida suna shan rake, ƙarfen kunnensu ya hana su jin ta.