Sai An Tafa Take Tashi

Murja ta ajiye kular abinci a bakin ƙofar maƙwabciyarta, ta leƙa ta tsakanin ƙarafunan ƙofar. Madam Winifred na zube a kujera, hannu ɗaya na reto.

Murja ta yi murmushi. Tsohuwar Baturiyar ta ƙarar da ƙuruciyarta a wasan kwaikwayo na dandamali da talabijin a Ingila, kullum 'yar aiki ko majinyaciyar da ke mutuwa tun farkon shiri. Tunda korona ta kulle su a unguwarsu ta Cheras, da mutuwar wasa take yi wa Murja godiyar abinci. Dokarta ɗaya ce: ba ta tashi sai an tafa.

"Kai, Mama, ta yau ta fi kowacce!" in ji Murja, ta hau tafi. Maƙwabtan da zaman gida ya isa suka leƙo suka taya ta, har benen ya ɗauka.

"Ga irin tafin da kika ce ba a taɓa yi miki ba. Tashi mana!"

Ko motsi.

Ɗaya bayan ɗaya maƙwabta suka sauke hannu. Murja kaɗai ta ci gaba da tafi, hawaye na jiƙa mata takunkumi.