Matakalar Hasumiya

Tun a ƙofar ganuwa Jagora ya ga alamar akwai lauje cikin naɗi. Baƙin yau huɗu ne kacal: wata mace mai baƙar jaka, wani dogo mai ɗan gemu, wata matashiya, sai tsohuwa mai dogara sanda. Shekara talatin da ɗaya yana zagayawa da masu yawon buɗe ido cikin tsohon gari, bai taɓa ganin baƙon da ya iso ƙofar nan bai ɗaga waya ya ɗauki hoto ba. Waɗannan ko kallon ƙofar ba su yi ba, shi suka zuba wa ido.

Ya san zancen sarai. Hukuma takan turo mutanenta a matsayin baƙi su gwada jagororin da suka manyanta. Wanda ya yi tuntuɓe a suna ko a shekara, sai a karɓe katinsa a miƙa wa yaran da suka haddace tarihi daga waya. Ya shafa katin da ke rataye a wuyansa. In aka raba shi da katin nan, bai san me zai tashi ya yi da safe ba.

Ya daure ya fara aiki kamar kullum, yana tafiya da baya-baya, fuskarsa ga baƙi, muryarsa tar. Ya nuna musu inda aka yi wa ganuwa faci bayan ambaliya, ya faɗi sunan maginin da shekarar.

A titin maƙera akwai wani lungu da ake karyawa hagu, wanda ko ɗan gari sai ya yi tambaya. Dogon nan ya karya kwanar tun kafin Jagora ya ɗaga hannu. A bakin tsohuwar rijiya kuwa, inda yake ba da labarin gwamnan da ya leƙa neman zinariya hularsa ta faɗa ciki, matashiyar ta tuntsire da dariya tun hular tana kan gwamna. To, wane baƙo ne ke dariya kafin a kai ƙarshen labari?

Mai baƙar jaka ita ce shugabarsu, wannan ko makaho ya shafa ya sani. Bini-bini ta duba agogo ta yi rubutu a ɗan littafi. Sau biyu tana miƙa masa gorar ruwa ba tare da ya nema ba, sau biyu yana cewa ya gode. A ransa ya ce, ai rago ma akan ba shi ruwa kafin a kayar da shi. Dogon kuma duk inda duwatsun hanya suka yi gargada sai ya matso dab da kafaɗarsa, har Jagora ya tura katin cikin riga. Tsohuwar ce ta fi damunsa. Kallonsa kawai take yi, irin kallon da bai dace mace mai shekarunta ta yi wa namijin da ba ta sani ba.

A gidan tarihi ya gama tabbatarwa. Mai gadi bai nemi tikiti ba. Ya tashi tsaye ya gaishe da mai jakar kamar sun saba, ya buɗe musu ƙofa.

Sai Jagora ya ji haushi ya danne tsoro. Shi za a yi wa wayo a garin da ya san kowane dutsensa? Akwai tsohuwar dabara da masu sana'ar ke kama 'yan leƙen asiri da ita: ka saki kuskure ɗaya da gangan, ka kalli fuskoki. Baƙon gaskiya ko me ka ce masa gyaɗa kai zai yi. Wanda ya zo da amsa a aljihu, fuskarsa ce za ta tona shi.

A gindin hasumiya ya tsaya, ya gyara murya. Matakalarta ɗari da goma sha biyu ne, ya hau su ya fi sau dubu.

"Wannan hasumiya da kuke gani," ya ce, "matakalarta tamanin ne cif."

Fuskoki huɗu suka sauya a lokaci ɗaya. Matashiyar ta toshe baki da hannu. Dogon ya sunkuyar da kai. Tsohuwar ta lallaɓa ta zauna a kan dakali. Mai jakar ta tambaye shi a hankali ko zai maimaita, ya maimaita yana kallon tsakiyar idonta.

Ya kama su, amma daɗin bai je ko'ina ba, don yanzu kuskuren na cikin littafinta. Ya ce a huta minti biyar. Yana gani mai jakar ta ja hannun dogon suka zagaya bayan hasumiya, shi ma ya bi su a sace, ya raɓe jikin bango. Niyyarsa da zarar sun ambaci kati ya fito ya faɗa musu lambar gaskiya, da sunan wanda ya sassaƙa kowane dutse, su san ba jiya ya fara ba.

Ba maganar kati ya ji ba. Kuka take yi, tana ƙoƙarin danne shi.

"Yaya, ya manta sunayenmu mun haƙura, ya manta fuskar Mama mun haƙura. Shekara shida da barin aiki, zagayen nan kaɗai ya rage masa daidai. In wannan ma ya fara tafiya, a ina za mu ƙara samun Baba?"