Burodin Mako Shida

"Ki koma ba ta burodi," in ji likita. "Kullum, har mako shida."

Wata uku ke nan da uwar ta hana 'yarta duk wani abin alkama, bayan ta lura cikin yarinyar na kumbura duk ranar da ta ci. Gudawa ta tsaya, kumatu sun fara dawowa.

"Likita, da hannuna zan mayar da ita gidan jiya?"

"Muna zargin garkuwar jikinta ce ke far wa hanjinta idan ta ci alkama. Yanzu kin kwantar da faɗan, shi ya sa jininta bai nuna komai ba. Sai faɗan ya sake tashi za mu tabbatar."

Washegari da safe ta yanka burodi siriri kamar takarda. Ta tsaya tana kallonsa, sannan ta sake yanka mai kauri yadda aka ce. Ta riga ta ajiye bokiti da tawul a bakin gado.

Yarinyar, mai shekara shida, ta dubi farantin, ta dubi uwarta.

"Ni zan ci?"

"Ke za ki ci, 'yar lelena."

Ta gatsa, ta lumshe ido, ta tauna a hankali. Sai ta rungume ƙugun uwar, bakinta cike.

"Mama, ashe kin huce? Kullum ina ta tunanin laifin da na yi miki."