Takardar Na'Allah

Kwana biyar ke nan ƙafar Na'Allah tana cikin turu, farar takarda kuma tana gabansa yadda aka ajiye ta. Tawada har ta fara bushewa a bakin kurtu.

Wanda bai san Na'Allah ba tsakanin Bodinga da Shagari, to ba ya cin kasuwa. Shekara ashirin da uku yana yawo da takardarsa ta ajami, sabuwa kowane mako: wace rijiya ta ƙafe, wane malami ya rasu, ina ciwon shanu ya ɓulla, wace hanya mahara suka tare. Sai ya hau turmi ya ɗaga ta sama, ya zuba labari da ƙarfi, idonsa a kan jama'a, ko kallonta ba ya yi. Ya bar wa limamin garin takarda ɗaya, ya saɓa gafaka, ya yi gaba. Tun daga nesa ake gane rubutun, baƙaƙen duk sun kwanta gefe guda kamar geron da iska ta bi ta kansa. In ka tambaye shi wa ya koya masa, sai ya ce, "Sunana bai ishe ka ba?"

Da daminar nan mahara suka faɗa wa gonakin Mandera, suka kwashe mutum goma sha ɗaya. Ɗanmusa, jakadan da aka ɗora wa tsaron wajen, an kawo masa gargaɗi tun kwana biyu kafin haka, ko doki ɗaya bai tura ba. Don ya rufe kunyarsa, ya sa aka rubuta wa Sakkwato cewa lafiya lau, ko akuya ba a taɓa ba. Ka ji marar tsoron Allah! Wanda aka ce ba a sace shi ba, wa zai je fansarsa?

Ranar kasuwar Bodinga sai ga takardar Na'Allah da sunaye goma sha ɗaya, kowa da na ubansa. A ƙasa kuma ga wasiƙar Ɗanmusa, kalma ba ta faɗi ba.

Ɗanmusa ba wawa ba ne. Ya san in ya kashe Na'Allah ya gaskata shi, sai ya sa aka kamo shi aka sa a turu. Abin da yake so layi uku ne, da wannan kwantaccen rubutun da kowa ya sani: ƙarya na yi, ba a ɗauki kowa ba, na tuba. In ya rubuta, ya koma gida. In ya ƙi, ayarin da zai tashi arewa ran Laraba yana sayen mutane.

"Ranka shi daɗe," in ji Na'Allah, "wallahi hannun ga ba shi rubuta ta."

Kullum da hantsi Malam Lirwanu, magatakardan Ɗanmusa, shi ke kawo sabuwar tawada. Mutum ne siriri mai sanyin baki, ko ƙuda ba ya kora da ƙarfi, hannunsa na hagu kullum a naɗe cikin riga. Shi ya rubuta wasiƙar Sakkwato da kyakkyawan rubutunsa mai tsaye kamar dashen dabino, shi ya sa mutanen Mandera suka daina amsa sallamarsa.

Ran kwana na shida Lirwanu ya tsugunna, ya fere alƙalami, ya sake fere shi har ya kusa ƙarewa.

"Arzika ɗanka ya zo ƙohwa, sun kore shi," ya ce a hankali. "Na'Allah, akwai hanya. Ka san akwai."

"Hanyar mi? Ta binne mutum sha ɗaya da ransu?"

"Ko kuma in tahi in…"

"Kak ka kuskura! Tashi ka ba ni wuri, ɗan maula, kai da ubangidanka!"

Dogarin da ke bakin ƙofa ya yi dariya. Lirwanu ya fita yana share ido da gefen rawani.

Ran Laraba Ɗanmusa ya zo da kansa. Ya dubi takarda, fara fes. Ya kama yatsun Na'Allah ya juya su, ba ɗigon tawada ko a ƙarƙashin farce.

"Har alƙalamin ba ka taɓa ba? Girman kai ya kashe ka."

"Ai ba ni as sarkin girman kai ba, ranka shi daɗe."

Aka cire turu, aka sa igiya. Da aka bi da shi ta gefen kasuwar Shagari, masu awo suka ajiye mudu, mata suka sa kuka. Tsofaffi suna cewa ba su taɓa ganin malami mai taurin zuciya irinsa ba. Shi kuwa bai waiga ba, yana ta kiran sunayen nan ɗaya bayan ɗaya har muryarsa ta ɓace a bayan kuka.

Lirwanu ya koma zaurensa, ya ja asabari, ya shimfiɗa takarda. Wa zai hau turmi da ita yanzu, bai sani ba. Ya fito da hannun hagu daga cikin riga, ya mayar da alƙalami can kamar yadda yake yi shekara ashirin da uku, ya rubuta suna na goma sha biyu, sunan amininsa da ko alif bai iya ba.