Rijiyar Mutumin da Ba Ya Dariya

Malama Uwani, kin ce mako biyu na bikin kaka sun ishe ki nazarin zaman mutanen ƙauyen nan. Zauna in ba ki misali kafin ki ɗaure kaya.

Wata ƙungiyar agaji ta so haƙa rijiyoyi a wani gari na kudancin Indiya, sai ta aiki wani masanin zamantakewa ya gano mata hannun da za a danƙa wa ruwan. Malaman garin suna karantar da cewa rai asalinsa guda ne, jiki ne kawai ya bambanta. Masanin ya sauka ana tsakiyar bikin girbin shinkafa. Ya ga wani attajiri ya shimfiɗa ganyen ayaba tun daga ƙofar gidansa har bakin tafki, an zuba abinci a kai, babba da yaro suna ci, shi kuwa yana yawo a tsakaninsu yana maimaita karatun malaman nan. Ya kuma ga wani mai gonaki, murtukakke, wanda bai ciyar da kowa ba, bai ce uffan ba. Masanin ya koma da murna ya ce a ba attajirin amanar, domin shi ne ya riƙe abin da garin ya yi imani da shi.

Abokiyar aikinsa ba ta gamsu ba. Ta roƙi a dakata, ta je ta kama ɗaki a ƙarshen gari, unguwar masu wanki da majema, waɗanda ruwa ke isa wurinsu bayan kowa ya ɗiba. Tana nan damina ta ƙi zuwa. Tafki ya janye ya bar laka tana tsagewa. Attajirin ya kewaye rijiyarsa da shinge ya sa mai gadi, matan unguwar suka riƙa dawowa da tuluna wayam. Wata jaririyar maƙwabta ta kwanta da zawo saboda ruwan kududdufi. Washegari murtukakken nan ya cire ƙyauren gonarsa da hannunsa, ya ce kowa ya shigo ya ja ruwa a rijiyar da yake ban ruwa da ita, alhali shinkafarsa tana ƙonewa yana kallo. Abokiyar aikin masanin ta tambaye shi dalili. Bai ko ɗago kai ba, ya ce, "In rai guda ne, ai ƙishirwar ma guda ce." Ta koma ta faɗi abin da idonta ya gani, aka ba shi amanar tare da matan unguwar, kuma da aka haƙa rijiyoyin babu wadda aka kewaye.

Masanin da aka fara aikawa bai yi ƙarya ba, abin da ya tarar ya faɗa. Amma ya tarar da gari a ƙoshe. Ki je bikin, Malama, ki ci ki sha. Sannan ki zauna har rumbuna su yi ƙasa, domin Hausawa sun ce ba a sanin maci tuwo sai miya ta ƙare.