Takardar Naɗe Ƙosai

"Myriad," in ji alƙalin gasar makarantun Lafia. "Mece ce ma'anarta a lissafi, mece ce a waƙa?"

Ɗalibaina uku suka yi tsuru-tsuru. Cordelia, ɗalibar Malam Sadisu daga makarantar Azuba, ta miƙe.

"Dubu goma a lissafi. A waƙa kuwa, abin da ba ya ƙirguwa."

Kofin gasar ya tafi Azuba. Zuciyata ta yi baƙi ƙirin. Ni da na kwashe ruɓaɓɓun littattafai daga laburarenmu na sa aka kawo kwamfutoci, tsohon da har yau bai wuce alli ba ne zai kayar da ni? Na rantse an ba shi tambayoyin.

Na tare yarinyar a bakin ƙofa. "Ke, faɗi gaskiya. Malaminku ya ba ki amsa?"

"A'a, Malam. Mamana ƙosai take soyawa. Ni nake yaga mata takardar naɗewa, sai in karanta kafin mai ya ɓata. Buhu guda na tsofaffin littattafai ta samo wurin 'yan bola."

Ta ciro wani shafi daga jakarta. Ga waƙar, ga kalmar, ga bayaninta a ƙasa.

A gefe akwai hatimin laburarenmu. Kusa da shi kuma rubutuna ne da jan biro: "A zubar."