Waƙar Dakan Inna

Shekara tara Tasi'u yana haɗa wa mawaƙan Japan kiɗa a birnin Osaka. Yanzu ba mai taɓa jita ko fiyano. Na'ura ake ɗora wa mutum a ka, ta zaro karin waƙar da ke ransa, abin da ta zara kuwa ba ya dawowa.

Ran Talata da hantsi ya shiga kanti sayen shinkafa, sai ga sabuwar waƙarsa na tashi daga lasifika. Hawaye suka zubo masa, bai san dalili ba. Ya kira yayarsa Barira a Gumel, ya ɗaga wayar ta ji.

"Yaya, kin san wannan karin?"

"Tasi'u! Ai waƙar dakan Inna ce, tana goye da kai take yin ta. Har ita ka ba su?"

Ya laluba ransa. Ga turmin, ga tsakar gidan, amma mai riƙe da taɓaryar ba fuska, ba murya. Gobe kuma na'ura na jiran sa.

"Yaya," ya ce, "don Allah faɗa mini sunan Inna in rubuta."